Tudun Isufu

Tahoua, 9 ga Fabrairu

Zuwa ga ɗiyata Raƙiya Dodo, a Dabagin Gawo ta ƙasar Takanamat, ta hannun Illa direba.

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da yara da mutanen gida gaba ɗaya. Mu nan sai godiyar Allah. Ƙafar innarki Kaltumi ta yi sauƙi, bakinta kuwa dama bai taɓa ciwo ba. Ni kunne ne ya ƙara nauyi. Saboda haka ki daina kiran wayarta don a ba ni. In kin kira ita ke ji, sai ta tsaya a kaina tana ihu, kuma rabin saƙon nata ne. Ni na koya miki rubutu, har ga shi yau kina koya wa matan gari. Ki yi amfani da shi.

Na karanta takardarki sau biyu. Kin ce ke da matan ajinki kuna son ku mayar da ƙasar tudun nan cikin gonar kakanki, kuma kina neman iznina tunda ni ne babban da ya rage a gidan. Kin rubuta "tudun" kawai. Na gode da ladabi, amma na san sunan da ake kiransa. Tudun Isufu suke cewa, har waɗanda ba su taɓa ganin fuskata ba.

Kina gidan miji a Afala lokacin da abin ya faru, don haka ki ji daga bakin mai laifin. Shekara goma sha ɗaya ke nan. Kamfanin da ke aikin hanya ya nemi jar ƙasa mai tsakuwa, ya same ta a ƙarƙashin gonarmu, hekta uku. Mahaifinki Dodo, Allah ya jiƙansa, ya ƙi. Ni kuwa yayansa ne, mai takardun makaranta, mai shekara talatin a aikin gandun daji. Na zo da takalmi mai igiya da alƙalami a aljihu, na sa aka rubuta sharaɗi: za su kankare ƙasar sama, baƙar nan mai rai, su tara ta gefe guda, in sun gama haƙa su mayar da ita su shimfiɗe. Dodo ya dube ni ya ce, "Yaya, gona ce fa, ba tabarma ba da za a naɗe a jingine a sake shimfiɗawa." Na yi masa dariya gaban baƙi.

Sun cika rabin sharaɗin, sun tara. Hanya na ƙarewa suka kwashe injinansu suka tafi. Na kai takardar ofis huɗu. A na ƙarshen, wani ma'aikaci da na taɓa koya wa awon bishiya ya ba ni kujera da ruwan sanyi, ya ce kamfanin ya sake suna.

Kuɗin da suka biya mu damina biyu suka yi. Abin da ya rage kin fi ni saninsa: rami mai zurfi a bakin arewa, sauran fili fako ja mai tauri wanda ko tsidau ba ya fita a kansa, da ƙanena da ya yi shekara takwas yana noman gonar aro bai sake ce mini "yaya" ba har ya mutu.

Yanzu ga lissafi. Ranar da aka binne Dodo, mutane na can suna addu'a, ni na zagaya na auna tudun da taku. Ki yi mini duk hukuncin da kike so, hali ne. Ruwa da iska sun ci shi. Abin da ya rage bai wuce cikin kamiyo sittin ba, babbar motar ɗibar ƙasa nake nufi. Ƙa'idar da aka koya mana ita ce, in za a raya ƙasar da aka haƙe, sai an shimfiɗa ƙasar sama mai kaurin santimita talatin ko'ina. Hekta uku na son kamiyo ɗari tara. Sittin muke da su. Ko kun kwashe tudun kaf, abin da za ku rufe bai kai filin idin garinku ba. Ban ma sa kuɗin katafila ba, wadda hayarta ta yini ɗaya ta fi fanshona na wata uku. Gonar kuwa, a shekararta mafi kyau, dami tamanin ta ba mu. Jikokinki ma ba za su ga an fanshe kuɗin ba.

Na san za ki ce mini bishiya, ciyawa, ruwa ya shiga ƙasa. Na yi wa mutane wannan wa'azin shekara talatin. Kowace ranar dashen itace mukan dasa dubu, a yi tafi, a ɗauki hoto, awaki su cinye kafin a wanke hoton.

Ga maganar da ta fi amfani. Alhaji Ahmed, mai sayar wa masu manyan gidaje ƙasar lambu a nan Tahoua, ya hangi tudun daga hanya, ya nemi saye. Jikka biyar ta sefa, wato dubu biyar, kowane kamiyo. Ban amsa masa ba. Zan jira Lahadi uku. In kina da hujjar da ta fi tawa, ki rubuto. In ban ji komai ba, na san kin gane.

Ki gaida mai gari, in zai amsa.

Babanki,
Isufu


Dabagin Gawo, 14 ga Fabrairu

Baba,

Ina gaishe ka da girmamawa, ina gaida Inna Kaltumi, Allah ya ƙara sauƙi. Mu lafiya lau, sai ƙaramar da ta yi zazzaɓi, ta warware. Daga Libiya har yanzu shiru, wata biyar ke nan babu saƙo daga babansu.

Laifina ne da ban yi maka bayani ba. Ba shimfiɗawa za mu yi ba. Wa zai shimfiɗa wa fako ƙasa? Ruwan farko zai wanke ta ya zuba cikin rami. Tassa za mu yi. A fasa fakon da diga, rami faɗin ƙwarya, zurfin taƙi guda, taku ɗaya tsakanin rami da rami. A zuba ƙasar tudu cikin tiyar awon hatsi sau biyu, a ɗora taki cikin tafi biyu. In ruwa ya gangaro kan fakon, a ramin zai tsaya. Hatsi ƙasar da ke gindinsa kawai yake so. Tsakanin ramuka ya zauna ja abinsa.

Na gwada bara ban faɗa wa kowa ba. Rami ɗari biyar na yi daga gabas da ƙasar tudu. Wasu ɗari kuma na sa musu taki kaɗai, don in gani. Waɗannan hatsinsu ya kai gwiwa ya ƙone, tsakuwa ba ta riƙe laima. Masu ƙasar tudu sun ba ni dami uku. Na daka na dama fura na kai wa mai gari, ya sha, na ce daga gonar Dodo ne, ya ce in ji tsoron Allah. Kuma ba hatsi kaɗai ba. A bakin ramukan sabara ta fito, da ƙananan gawo bakwai. Ban shuka su ba, irinsu na kwance cikin ƙasar duk shekarun nan.

Ban iya lissafi irin naka ba, ka yi mini shi: rami dubu goma kowace hekta, tiya biyu kowane rami. Ni a idona tudun ya ishe mu har da saura.

Ka tuna Alƙasum, makiyayin nan na Buzaye da ke sauka da garkensa arewa da gari? Ramin arewa na riƙe ruwa wata uku bayan kaka, a nan yake shayarwa. Mun shirya da shi: ba za mu cike ramin ba, ya ci gaba da shayarwa, shi kuma dabbobinsa su riƙa kwana a kan fakon su bar mana taki. Ya ce mini, "Malama, awakina sun fi kamfani cika alkawari, kullum da safe za ki tarar sun biya."

Mata ashirin da biyu sun yarda da gayya, kowace za ta noma layin da ta fasa shekara uku. Abin da muke nema diga goma, hayar amalanke, da hatsin furar masu aiki. Babu katafila.

Sunan tudun kuwa, Baba, ni ban taɓa jin kunyarsa ba. Da ba ka sa sun tara ƙasar ba, da cikin kwari suka tura ta.

Don Allah kada ka sayar. Gobe zan ba Illa wannan da hannuna.

Ɗiyarka,
Raƙiya


Tahoua, 4 ga Maris

Raƙiya,

Gaisuwa da fatan alheri. Muna lafiya. Zafi ya fara, Kaltumi ta fara yi masa faɗa.

Lahadi uku na je tasha da ƙafata. Ban ga Illa ba, ban ga takarda ba. Motar Takanamat ba ɗaya ba ce. Da kina da abin faɗa da kin ba wani direban. Na san irin wannan shirun, na zauna da shi shekara takwas. Ubanki in ya rasa amsa sai ya juya ƙeya ya tafi gyaran dangar da ba ta lalace ba. Na yi zaton karatu ya raba ki da wannan gadon.

To, na yanke. Shekaranjiya bayan la'asar, gaban limamin unguwarmu da shaidu biyu, na sayar wa Alhaji Ahmed tudun, kamiyo sittin. Ya ƙirga mini jikka ɗari uku a hannu, aka shafa fatiha. Ba zan ci ko dala a ciki ba. Ke kaɗai Dodo ya bari, naki ne ke da yaranki. Suna cikin gwangwani wurin Kaltumi, ki aiko wanda kika yarda da shi. Ki sayi hatsi tun bai hau ba, ki sayi tunkiya biyu. Wannan ne karo na farko cikin shekara goma sha ɗaya da gonar nan za ta ciyar da wani.

Za ki ji haushina, na sani. Amma kowace damina ruwa na ɗibar rabonsa a tudun ya kai kwari kyauta. Gara a sayar da abin da ya rage tun yana da mai so. Kuma ba zan ɓoye miki ba, ina so in mutu babu tudu mai sunana.

Na ba direban kamiyon farko wannan takarda, tunda shi dai na tabbata zai iso.

Babanki,
Isufu


Dabagin Gawo, 13 ga Maris

Baba,

Ina gaisuwa. Muna nan da rai.

Takardarka ta iso kamar yadda ka tabbatar. Ina tsaye gaban kamiyon na buɗe hannuwa, direban ya sauko ya miƙo mini ita, ya ce, "Hajiya, karanta tukuna kafin ki mutu a banza." Na karanta a tsaye, gari na kallo.

Na je wurin mai gari. Ya ce babban gida ya sayar, an shafa fatiha, shi ba ya kwance abin da liman ya ɗaure, kuma ni ɗiya ce. Na kira wayar Inna sau shida. Ta ce ta faɗa maka, ka ce abin da ba a rubuta ba kai ba ka ji.

Na rubuta, Baba. Tun sha huɗu ga Fabrairu. Injin motar Illa ya buga a hanya ranar da na ba shi takardar, aka ja motar gareji, shi ya wuce Konni neman kayan gyara, takardata na kwance a aljihun mota. Jiya ya dawo yana ta ba ni haƙuri. Ni kuwa duk kwanakin nan ina cewa Baba na can yana lissafi, shi ya sa ya yi shiru. Ga ta nan na haɗa da wannan, ban sake ko harafi ba. Alƙasum zai kai awaki kasuwar Lahadi, na sa ya rantse a hannunka zai sa su.

Kamiyo arba'in da ɗaya na ƙirga zuwa yau. Mun riga mun fasa rami dubu huɗu muna jiran izninka, suna nan baki buɗe. In masu lodi sun tafi salla ko cin abinci, sai mu mata mu afka da kwanoni mu ɗiba mu ruga. Shekaranjiya babbansu ya kama Zainabu, tsohuwar da ta yi wa mahaifiyata wankan jego, da ƙwarya a ka, ya ce mata ɓarauniya. Ta ce, "Ɗan nan, na ci tuwon ƙasar nan tun uwarka ba ta yi haƙori ba." Ya karɓe ƙwaryar ya zazzage cikin mota. Satar ƙasar kakana nake yi, Baba, da rana tsaka.

Ka ce na gaji shirun ubana. Ubana ba amsa ya rasa ba. Ya ba ka amsa tun ranar farko, ka yi dariya. Abin da ya rage masa shi ne kada ya zagi yayansa. Ni ma yanzu abin da ya rage mini ke nan.

Kuɗin su zauna a gwangwani.

Raƙiya


Tahoua, 18 ga Maris

Ɗiyata Raƙiya,

Ina gaishe ki, in kina karɓa. Lafiyata ƙalau, abin kunya.

Alƙasum ya kawo takardun biyu. Ya ƙi zama, ya ƙi shan ruwa sai da ya ga na buɗe. Na karanta ta farkon na ɗauko fensir. Rami dubu talatin, tiya biyu-biyu. Kamiyo goma sha takwas, Raƙiya. Na sake yi ta wata hanya ko zan sami kuskure. Goma sha takwas. Muna da sittin.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne na san tassa. Na gan ta a ƙasar Illela tun ina da baƙin gashi, tsofaffi durƙushe suna fasa fako. Na rubuta rahoto da Faransanci mai kyau na ce dabarar talaka ce kafin a samu inji. Aka yaba mini rahoton. Da kika ce za ku mayar da ƙasa, kaina bai ga komai ba sai katafila da santimita talatin, don haka aka zuba mini a makaranta, haka kuma na rubuta a sharaɗin kamfani. Shekara goma sha ɗaya ina jiran a cika sharaɗina yadda na rubuta shi. Ban taɓa tambayar abin da hatsi ke so ba.

Litinin da safe na tafi wurin Alhaji Ahmed, a filin da yake tara ƙasa. Na ce na zo a warware ciniki. Ya kira ni da laƙabin Faransanci na masu takardun makaranta, ya ce, "Mushe Isufu, kai da ka kawo liman da kanka?" Na ce na yi kuskuren lissafi. Ya yi dariya har hularsa ta karkace, ya kira masu shebur ya ce, "Ku zo ku ji, Mushe ya faɗi jarrabawa." Ba mugu ba ne, ɗan kasuwa ne. Ya ce abin da ba a ɗora ba ya bar mini albarkacin furfura, in mayar masa da kuɗinsa. Kamiyo shida ne. Na mayar da jikka talatin, ya kira direbobinsa a gabana ya tsayar da su.

Na ce sauran fa? Ya sa aka kai ni a babur in gani. Wani sabon gida ne a hanyar fita gari, katangarsa ta fi masallacinku tsawo. Mai gadi ya bar ni na leƙa. Ƙasarmu ce, na gane ta, baƙa mai ɗan yashi-yashi. An shimfiɗa ta santimita talatin daidai, yadda littafi ya ce. An dasa mata wata ciyawa da ba dabbar da za ta ci, ana ba ta ruwan famfo safe da yamma, kuma mutum guda aikinsa ke nan, ya aske ta in ta yi tsawo. A gindin katanga na ga ɗan gawo ya fito, bai kai yatsa ba. Ina tsaye mai askin ya tsuguna ya cire shi.

Akwai saura a filin Alhaji da ba a sayar ba. Zai sayar mini yadda yake sayar wa kowa, jikka talatin, ga kuɗin mai da hayar mota zuwa Dabagin Gawo ta dawo wofi. Kowane kamiyo zai tsaya a jikka tasa'in. Abin da ke gwangwani ɗari biyu da saba'in ne. Na sayar da hamsin da huɗu, kuɗinsu zai dawo da uku.

Ga yadda abin yake, ba ƙari. Shidan da suka rage za su ishi hekta guda. Uku za su ƙara rabin hekta. Rabin hekta buhu uku ne in damina ta yi kyau, kin kuwa san daminar ƙasarmu ta Adar, a uku da wuya biyu su cika. Kuɗin buhu tara ne yau, a hannu, babu jiran girgije. A takarda kuɗin sun fi har shekara biyar ko shida, daga nan ƙasar ta fi, in akwai mai haƙurin kaiwa can. Gawo da sabara, da ruwan da zai daina gudu yana cin gonakin maƙwabta, ban san farashin da zan sa musu ba. Ba a koya mana ba.

Ba zan ba ki shawara ba. Kin ga inda shawarata ke kai mutane. Ke za ki yanke.

Babanki,
Isufu


Dabagin Gawo, 23 ga Maris

Baba,

Yara lafiya. Ina gaida Inna. Motocin sun tsaya tun Litinin, abin da ya rage na tudun ƙuguna ya kai.

Na tara matan na karanta musu lissafinka. An yi gardama har rana ta karkata. Wasu sun ce a ci kuɗin, rumbuna sun kusa ƙasa, kuma gaskiyarsu, nawa ma ba zai kai Mayu ba. Zainabu ta ce ita ba za ta ga gawon ya yi inuwa ba, amma a kawo ƙasa. Ga abin da na yanke: kamiyo biyu. Kuɗin na ukun a sayi hatsi da diga, don mace mai yunwa ba za ta iya fasa marmara ba. Yammacin gonar za mu bar shi ja. Wataƙila in taki ya taru shekara da shekaru a ƙwace kaɗan-kaɗan, wataƙila a'a.

Akwai sharaɗi, tunda kai ma mai sharaɗi ne. Matan nan ba za su sake ɗaga diga ba sai sun ji da kunnensu. Sun ce wanda ya sayar da tudu daga Tahoua zai iya sayar da gonar ranar da ta yi kore. Mai gari ya ce takarda ba ta isa ba, gari ya riga ya ga takardarka ta farko. Sai ka zo ka tsaya a bakin gonar, gabansa da liman da jama'a, ka faɗa da bakinka cewa ta koma hannuna, ba ka da sauran magana a kanta. Za a taru, ba zan yi maka ƙarya ba, har waɗanda ba abin da zai kawo su sai kallo.

Ka tambaya ko ina karɓar gaisuwa. Gaisuwa ina karɓa. Sauran ban kai can ba tukuna.

Wata biyu da rabi suka rage mana kafin ruwa.

Raƙiya


Tahoua, 27 ga Maris

Raƙiya,

Gaisuwa. Ina lafiya. Kaltumi ta ce in gaya miki ta faɗa mini saƙonki duk sau shidan, kuma gaskiya ne.

An biya kamiyo biyu. Na tsaya a kan lodi da kaina, don filin Alhaji akwai ƙasar wurare da yawa, na sa suka ɗiba daga tamu kaɗai. Masu shebur sun ce tsohon nan ya taɓu, yana sansanar ƙasa. Hatsi buhu biyu da diga goma na tare da kayan.

Ranar Alhamis za mu taso, ina cikin mota ta biyu. Ki faɗa wa mai gari ya tara mutanensa bayan azahar, har da masu kallon. Zan faɗi abin da kika ce, da ƙarfi, dama tun da kunne ya tafi ban iya magana a hankali ba. In sun yi dariya ba zan ji ba. Wannan ne amfanin farko da kunnen nan ya yi mini. Kafin taron ki sa wani ya nuna mini kabarin Dodo. Ban riƙe wurin ba, kin san inda nake lokacin.

Yammacin gonar ba ni da abin da zan ce a kansa. Na yi kwana uku ina neman dabara ban samu ba. Zai zauna ja, ana ganinsa daga hanya, kuma in gari na neman abin da zai liƙa wa sunana tunda tudun ya tafi, ga shi nan.

Kada a juye ƙasar wuri guda ta sake zama tudu. A juye ta kashi-kashi kusa da ramuka. Wannan roƙo ne, ba shawara ba.

Na gwada ɗaga diga ɗaya a tsakar gida, Kaltumi ta ƙwace kafin in kashe kaina. Fasa rami ya fi ƙarfina. Amma zuba ƙasa tsoho ma zai iya. Zan taho da tabarmata da butata, in zauna har ruwan farko in akwai inda za a ajiye ni. Ki nemo mini tiya guda wadda ba ta huje ba, ki nuna mini layin da zan fara. Biyu kowane rami, kin ce. Ba zan ƙara ba, ba zan rage ba.

Babanki,
Isufu